Ranar da Tsohuwar Rasha Ta Miƙe Tsaye

Akwai abubuwan da shekaru ke wankewa daga zuciyar mutum har ya fara tantamar ko sun taɓa faruwa. Amma wata ranar Lahadi da na raka wata tsohuwa 'yar ƙasar Rasha kallon fim ɗin da ta yi tun tana budurwa, ita kam ba zan manta da ita ba har ranar da za a naɗe ni a likkafani. Yanzu ni ma furfura ta fara leƙowa ta gefen ɗankwalina, kuma na lura duk shekarar da ta wuce sai ranar nan ta ƙara fitowa sarai a idona.

A lokacin muna zaune a Laurel, wani gari a jihar Maryland ta Amurka, ni da maigidana da 'ya'yanmu biyu, a wani gidan haya na sama kusa da tashar jirgin ƙasa. A Zariya ni cikakkiyar nas ce, na yi shekaru a ɗakin haihuwa, amma a Amurka takardata ba ta da amfani sai na ci jarrabawarsu. Na zauna sau ɗaya na faɗi. Kafin in sake zama sai na shiga aikin da yawancin matanmu ke farawa da shi, wato kula da tsofaffi a gidajensu: wanka, ba da magani, dafa abin da likita ya yarda a ci, da zama kusa da mutum don kada ya faɗi babu kowa.

Kamfanin da nake wa aiki ya tura ni wani gida a Rockville. Matar ofis ta ja mini kunne tun a waya, ta ce tsohuwar tana da wuyar sha'ani, ta kori waɗanda suka gabace ni ɗaya bayan ɗaya. Na ce a raina, wanda ya yi aiki da mata masu naƙuda ai ya ga masifa iri-iri.

'Yar tsohuwar ce ta buɗe mini ƙofa, wata doguwar mace mai gajiya a fuska, wadda ke aikin bincike a wani ɗakin gwaje-gwaje. Ta nuna mini uwarta tana zaune a keken guragu bakin taga. Da sassafe ne, amma ta shafa jan-baki, ta taje farin gashinta, bayanta a miƙe kamar an sa mata sanda. Ciwon shanyewar ɓarin jiki ya taɓa ta shekara guda kafin nan. Gefen bakinta na hagu ya zubo, hannun hagu kuma yana kwance a cinyarta kamar ba nata ba.

Na rusuna kamar yadda aka koya mana a gida, na ce, "Ina kwana, Mama?"

Ta dube ni daga sama har ƙasa, sannan ta ce da wani Turanci mai nauyi, "Ni ba uwarki ba ce. 'Ya ɗaya na haifa, ga ta nan tsaye. Fita ki sake shigowa."

Na ɗauka ban ji daidai ba. 'Yarta ta sunkuyar da kai don kunya.

"Na ce ki fita ki sake shigowa. Kin shigo kamar wadda ta zo neman gafara. Ba haka ake shiga ɗaki ba."

Raina ya ɓaci, amma ina buƙatar aikin. Na fita, na tsaya a bakin ƙofa na haɗiye fushina. Sai na tuna yadda Innata ke shiga gidan biki, kai a sama, mayafi a kafaɗa, ba ta sauri kuma ba ta jan ƙafa. Haka na sake shiga. Tsohuwar ta ɗan karkata kai, ta ce wa 'yarta wani abu da yarensu. 'Yar ta yi murmushin farko da na gani a fuskarta, ta ce, "Ta ce ke za ki iya zama."

Daga ranar na koma kiranta Madam, ita kuma ba ta taɓa kirana da wani suna ba sai "yarinya", duk da na haihu biyu.

Sai da na shiga ɗakin kwananta na fahimci wa nake wa hidima. Bangon cike yake da hotuna marasa kala. Ga wata budurwa mai manyan idanu sanye da rigar sarauniya, ga ta kuma cikin tsummokaran ƙauye, ga ta a kan dandamali ta rungumo furanni har sun rufe mata haɓa. Na tambaye ta ko 'yar'uwarta ce. Ta ce, "Wata yarinya ce da na sani a Leningrad." Sai daga baya 'yarta ta gaya mini ita ce da kanta. Ta yi fiye da rabin rayuwarta tana wasan kwaikwayo a wani babban gidan wasa na birnin, ta kuma fito a finafinai. Akwai lokacin da ba ta iya shiga kasuwa ba tare da an tsayar da ita ba.

Ba ta ba ni labarinta a zama ɗaya ba. A gutsure-gutsure na same shi, yawanci wajen shan shayin la'asar. A kofin gilashi take shan shayinta, ba madara, da ɗan cokalin jam, wato dafaffen 'ya'yan itace da sukari, a gefe. In ta gama cin burodi sai ta tattara ɓurɓushin da ɗan yatsa ta kai baki. Wata rana na zo zan share tebur da ɓurɓushin a kai, ta riƙe mini hannu da ƙarfin da ban zaci tana da shi ba. A nan ta gaya mini tana ƙaramar yarinya aka yi babban yaƙi, abokan gaba suka kewaye birninsu, yunwa ta kashe uwarta da ƙaninta a hunturu guda. Gwaggonta ce ta raine ta. Ban sake share ɓurɓushin burodi a gabanta ba. Ai ni ma a gidan da na tashi ba a zubar da tuwo, ɗumame ake yi da shi.

Ta ce gwaggon ta so ta zama malamar makaranta, ita kuwa ta saci jiki ta je gwajin makarantar koyon wasa da aron takalmi. Da ta fito, ta yi shekaru tana fitowa a matsayin baiwar da ke kawo shayi ta koma, ba ta cewa komai. Sai wata rana babbar 'yar wasan ta kwanta ciwo ana gab da buɗe labule, aka rasa wanda ya haddace maganganunta sai ita, don kullum tana laɓe a bayan labule tana bi da baki. Daga daren nan ba ta sake ɗaukar tire ba. Ta auri mai kula da fitilun dandamali, kuma ta sha gaya mini cewa shi kaɗai ne namijin da ya san inda kyanta yake, tunda shi ke haska shi.

Sannan babbar tarayyar da ƙasarsu ke ciki ta wargaje. Gidan wasan ya rasa abin ɗumama ɗaki, 'yan kallon da suka rage suna zama da rigunan sanyi, numfashinsu na fita kamar hayaƙi. Mijinta ya rasu. 'Yarta da ta riga ta zo Amurka ta matsa mata ta zo ta huta. "Hunturu ɗaya na zo yi," in ji ta. "Ko labulen tagata ban cire ba." A nan Amurka ta gwada sa'arta sau ɗaya. Aka ɗauke ta a wani fim da ake yi a Baltimore, ta zama tsohuwa mai jiran mota, ba magana. Ta yini a tsaye cikin iska. Da fim ɗin ya fito, ita da 'yarta suka je kallo, sai gwiwar hannunta kawai aka gani a gefen hoto. Tana ba ni labarin tana dariya da rabin bakinta. "Amma fa gwiwar hannun ta yi wasa mai kyau," ta ce. Na yi dariya ni ma.

Ni ma a lokacin ina ɗauke da nawa ciwon. Tun da na bar gida ban koma ba. Takardun zamana sun fito, babu abin da ya tare mini hanya, amma na ƙudura a raina ba zan taka Zariya ba sai na ci jarrabawar nan. Na bar gida ina nas, ban so in koma a ji cewa wanka nake wa tsofaffin Turawa. Duk Juma'a nakan sayi katin waya in kira Inna. Idonta ya fara rauni. Ni ce 'yar farinta, don haka ba ta kiran sunana, kuma kunya ba ta barinta ta tambaye ni kai tsaye yaushe zan zo. Sai dai ta ce, "Mangwaron tsakar gida ya yi 'ya'ya bana har reshe ya karye, babu masu ci." Ko ta ce, "An gyara ɗakin nan na kusa da nawa, yana nan a rufe." In na miƙa wa yara wayar su gaishe ta, ta yi musu Hausa su amsa da Turanci, sai in ji ta yi shiru tana neman abin cewa.

Wata Juma'a na kira ta daga barandar Madam. Da na dawo ciki, Madam ta ce, "Da wa kika yi magana?"

Na ce, "Da mahaifiyata."

"Ban ji ko kalma ɗaya ba. Amma kin yi mata alkawari, kuma muryarki ba ta yarda da alkawarin ba. Na yi shekaru ina sauraren masu faɗin abin da ba su yi imani da shi ba, na san ƙararsa."

Na ce mata na gaya wa Inna zan zo da zarar na ci jarrabawa. Ta dube ni har na tsargu, sannan ta mai da fuskarta taga.

Da kaka ta shigo, ganyayen itatuwa suka yi ja, wani dattijo ya zo gidan da furanni a hannu. Ɗaya ne daga cikin shugabannin wata ƙungiyar Rashawa mazauna yankin. Ya cire hularsa tun daga ƙofa, ya durƙusa ya sumbaci hannun Madam, har idonsa ya kawo ruwa. Sun daɗe suna magana da yarensu. Na ga fuskarta ta haskaka, sannan a hankali ta rufe kamar an ja labule. Da ya tafi 'yarta ta fassara mini. Sun samo kwafin wani tsohon fim ɗinta, wanda ya fi kowanne suna, za su nuna shi a zauren taronsu, suna so ta zo ta yi wa mutane 'yar magana. Ta ƙi.

"Wadda suke so su gani tana cikin fim ɗin," ta ce. "Su kalle ta a bango. Ba zan kai musu wannan bakin ba."

'Yarta ma ba ta matsa ba, don likita ya riga ya gargaɗe su game da hawan jininta, ya kuma hana ta tsayuwa ba tare da ƙarfen dafawa ba. Na ɗauka magana ta ƙare. Amma washegari na tarar ba ta shafa jan-baki ba. Jibi ma haka. Ta daina zama bakin taga, abinci sai ta taɓa ta ture, har faɗan da take mini ta daina. Duk wanda ya yi jinya ya san wannan shirun, kuma ya san inda yake kai tsoho.

Wata safiya ina taje mata gashi na ce, "Madam, zan gaya miki wani abu, in kin ga dama ki kore ni." Na ba ta labarin yadda mu 'yan Arewa muke yi a nan. In aka ce ana suna a Upper Marlboro, ko ba mu san mai jegon sosai ba, sai mu kwashi yara mu kama hanya, don kawai mu ji Hausa ta cika ɗaki, mu ci masa da miyar taushe. In aka yi sa'a akwai wata tsohuwa da aka kawo daga gida renon jika, sai ki ga likitoci da injiniyoyi sun zube a ƙasa gabanta, ko haƙori ba ta da shi, ko maganarta ba ta fita sosai. Na ce, "Mutanen nan ba bakinki za su zo gani ba. Gida za su zo gani, kuma ke ce guntun gidan da ya rage musu a kusa."

Ta ce, "Ke nas ce ko mai wa'azi? Taje mini kai ki yi shiru."

Na ci gaba da tajewa. Amma da na zo washegari, tun daga ƙofa na ji wata irin ƙara. Na same ta da madubi a gabanta, tana buɗe baki tana rufewa, tana jan harufa ɗaya-ɗaya kamar ɗan makarantar allo. Ba ta dube ni ba ta ce, "Kin makara. Muna da aiki."

Makonnin da suka biyo baya na zama 'yar kallonta. Ta shirya 'yar gajeriyar magana ta godiya. Takan tura ni can ƙuryar kicin in tsaya, ta faɗa daga falo, in gaya mata ko muryar ta iso. In wani harafi ya maƙale a gefen bakin da ya mutu, sai ta maimaita shi har gumi ya keto mata. Ban san ma'anar ko kalma ɗaya ba, amma na haddace sautin, har in ta yi tuntuɓe ina ji. Ta sa aka fito da wata rigar karan-miski shuɗiya daga akwati, da wani babban mayafi mai furanni. Ta kuma kafa mini sharaɗi: "Kada ki zo mini da kayan asibitin nan. Ba majinyaciya za ki raka ba." Ranar taron na sa leshina na salla, na naɗa ɗaurin da ya amsa sunansa. Da ta gan ni ta ce, "Yauwa. Yanzu za su yi ta tambayar wace sarauniya ce na zo da ita."

Bayan azahar muka isa. Zauren ba wani babba ba ne, kujerun ƙarfe ne aka jera, ga ƙamshin dafaffen kabeji da tsohon turare. Yawancin mutanen tsofaffi ne, wasu da sanda, wasu a keke irin nata, wani dattijo ma ya maƙala lambobin yaƙi a ƙirjin kwat ɗinsa. Ni kaɗai ce baƙar fata. Da na turo ta ciki, surutu ya ɗauke ɗif. Wasu suka dafe ƙirji. Ita kuwa ta ɗaga haɓa tana gaishe su da kai hagu da dama.

Aka kashe fitila, aka kunna majigi. Sai ga yarinyar nan ta bango tana motsi. Wallahi ban shirya wa wannan ba. Na saba da ita a hoto, amma ban taɓa zaton zan ga tana gudu, tana dariya, iska na kaɗa mata gashi ba. 'Yar Madam ta zauna a gefena tana raɗa mini abin da ake ciki. Labarin wata matar ƙauye ne da mijinta ke fiton mutane a kogi. Aka tafi da shi yaƙi, sai ita ta karɓi kwalekwalen, tana ƙetarar da mutane rani da damina, kullum tana duban ɗaya gaɓar ko zai ɓullo. Madam ta kama wuyan hannuna da hannunta mai lafiya. A cikin duhun na ga leɓenta na motsi, tana riga yarinyar faɗin kowace magana. Da aka zo inda yarinyar ta shiga ruwa har ƙugu tana jan kwalekwale, Madam ta matso kunnena ta ce, "Ruwan nan kamar wuƙa yake. Na yi wata guda ina tari."

A ƙarshen fim ɗin yaƙi ya ƙare, sojoji suka taru a bakin kogi suna son komawa ƙauyukansu. Yarinyar ta bi fuskokinsu ɗaya-ɗaya, mijinta ba ya ciki. Ta tsaya jim, sannan ta share fuska da gefen ɗankwali ta ɗaga murya ta faɗi wata magana. 'Yar Madam ta fassara mini: "Ku hau, akwai wuri. Kowa zai isa gida."

Da fitila ta dawo, babu wanda bai jiƙa hankici ba. Na tura keken ta wata 'yar gangara zuwa kan ƙaramin dandamalin da ke gaba. Dattijon nan mai furanni ya riƙe mata makirufo. Ta ja numfashi ta fara maganar da muka yi makonni muna gyarawa. Kalmomin farko suka fita lafiya. Sai ta zo kan harafin nan da ya saba ba ta wahala, ya maƙale. Ta sake gwadawa, ya ƙi. Bakinta ya shiga rawa, ɗan yawu ya taru a gefen da ya zubo. Hannuna ya kai ga hankici, amma na san in na goge mata baki a gaban mutanen nan ba za ta taɓa yafe mini ba. Zauren ya yi tsit. Abin da ta ji tsoro tun farko shi ne yake faruwa, kuma ni ce na ingiza ta. 'Yarta ta miƙe za ta karɓi makirufon.

Sai wata tsohuwa daga can baya, mai ɗankwali ɗaure a haɓa, ta ɗaga wata siririyar murya. Nan take na gane sautin, maganar ƙarshen fim ɗin ce. Wani ya kama mata, wani ma ya kama, kafin ka ce kwabo zauren gaba ɗaya yana faɗa da murya ɗaya, a hankali, kamar masu amsa addu'a.

Madam ta juyo da kai ta ce mini ƙasa-ƙasa, "Yarinya, ɗaga ni."

Na dubi 'yarta, ta girgiza mini kai da ƙarfi. Na san abin da likita ya ce. Na san in ta faɗi ƙashin ƙugunta ya karye, da wuya ta sake tashi, ni kuma aikina ya tafi, wataƙila har da damar zama nas a ƙasar nan. Duk wannan ya gilma mini a ƙiftawar ido.

"Ba a karɓar gaisuwar 'yan kallo a zaune," ta ce. "Ɗaga ni."

Na yi bisimilla. Na taka birkin keken, na zagaya bayanta, na zura hannuna ta ƙarƙashin mayafin nan mai furanni na kama ɗamararta, na tokare gwiwarta ta hagu da tawa, yadda na saba riƙe mata masu naƙuda. Na ɗaga. Ba ta da nauyi ko kaɗan, kamar buhun busasshen ganye. Ta miƙe. Mayafin ya rufe hannuna, waɗanda ke ƙasa ba su ga abin da ya tsayar da ita ba. Ina jin bugun zuciyarta ta bayanta kamar na tsuntsun da aka kama.

Ta jira har suka yi shiru. Sannan ta ture makirufon gefe, ta faɗi maganar ƙarshen fim ɗin da bakinta, tun daga farko har ƙarshe, babu harafin da ya maƙale. Muryar ta kai har bangon baya. Daga nan ta sunkuyar da kai a hankali, ta ɗora hannunta mai lafiya a ƙirji.

Ban taɓa jin tafi irin nasu ba. Da farko a warwatse yake, sai ya haɗu ya zama bugu ɗaya, kowa na tafawa lokaci guda kamar ana daka. Masu sanda suka miƙe, masu keke suka ɗaga hannu. Na riƙe ta har na ji ƙafarta ta fara saki, sannan na zaunar da ita a hankali kamar ita ce ta ga dama ta zauna. Suka yi layi suna zuba mata furanni a cinya. Dattijon mai lambobin yaƙi ya riƙe hannunta ya daɗe yana magana. Aka ce mini cewa yake wannan fim ɗin ya fara kai matarsa kallo kafin su yi aure, kuma bara ya binne ta a nan Maryland.

A mota 'yarta ta fara yi mini faɗa, tana tsakiyar faɗan kuka ya ƙwace mata, ta miƙo hannu baya ta matse nawa. Madam tana kusa da ni, furanni sun cika mata jiki, idonta a rufe. Na ɗauka barci take. Muna kan babban titi rana na shirin faɗuwa sai ta yi magana ba tare da ta buɗe ido ba.

"Shekarun baya gidan wasanmu ya yi bikin cika shekaru. Suka kira ni, suka ce in zo, kujerata na nan. Na ce sai na yi wani abu a Amurka tukuna, kada in koma musu da gwiwar hannu. Suka sake kira, na ce baɗi. Waɗanda suka kira ni duk sun mutu. Yanzu likita ya ce jirgin sama zai kashe ni." Ta buɗe ido ta dube ni. "Jarrabawarki takarda ce, yarinya. Takarda ba ta tsufa, ba ta makancewa. Ki je ki ga uwarki."

Da na koma gida na gaya wa maigidana. Ya ce, "Wallahi na daɗe ina son in gaya miki haka, ina tsoron kada ki ce na raina ƙoƙarinki." Da aka yi hutun makaranta na ƙarshen shekara na kwashi yara muka tafi.

Na sami Inna a kan tabarma a ƙofar ɗakinta. Idon ya tafi fiye da yadda ake gaya mini a waya. Na yi sallama, ta ɗaga kai tana neman inda muryar take. Na durƙusa, ta shafa fuskata da tafin hannu biyu, daga goshi har haɓa, ta ce, "Kin rame." Shi ke nan abin da ta ce, amma ba ta saki fuskar ba. Ba ta tambaye ni jarrabawa ba, babu ma wanda ya tambaya. Na yi makonni ina mata wanka, ina shafa mata man zafi a gwiwa, tana tsokanata wai ashe abin da na je koyowa ke nan, to an koya mini da kyau. Yara suka koyi cewa "Ina kwana, Inna" daga bakinta. Da damina ta zagayo Allah ya karɓi abinsa. Da na jira jarrabawa, da kabari zan tarar.

Madam kuwa, kafin in dawo ciwon ya sake bugunta, aka mai da ita gidan jinya. Maganarta ta tafi gaba ɗaya, Turancin da yarenta duka. Na je na zauna a bakin gadonta. Na rasa da wane harshe zan ba ta labari, sai kawai na ba ta da Hausa: yadda na sami Inna, abin da ta ce, abin da muka ci, yadda yara suka bi awaki da gudu. Ta kafa mini ido tana saurare har na gama, sannan ta lumshe ido sau ɗaya a hankali. Na san ta ji. Ta rasu kafin sanyi ya gama fita, aka binne ta a nan, nesa da birnin da ta bar labulen tagarta a rataye.

Daga baya na ci jarrabawar, yanzu ina aiki a wani asibiti a Largo. Har yau in kaka ta yi nakan ji kewar matan nan biyu tare, waɗanda ba su taɓa haɗuwa ba, ko yaren juna ba su sani ba. Abin da ranar nan ta koya mini shi ne, duk tsohon da ka gani a kwance ana juya shi, akwai ranar da ya cika ɗaki da ƙarfinsa, kuma yana da haƙƙin a taimake shi ya miƙe ko sau ɗaya ne. Ta kuma koya mini cewa masu ƙaunarka ba nasararka suke jira ba, kai suke jira. In akwai wanda zuciyarka ke kewa, kuma hanya a buɗe take, ka tashi ka je yadda kake, tun yana da hannun da zai shafa fuskarka.